Toka Ba Ta Magana: Tsakanin Zato da Hujja

Idan gobara ta lashe gidan mutum, sai ya nufi kamfanin inshora yana neman diyya. Wani lokaci kamfanin yakan ce shi ne ya cinna wutar da hannunsa don ya ci kuɗi. To, a nan ne tambayarmu take: wace irin hujja ce za ta isa a kira wanda ya yi asara da sunan mai zamba?

Toka dai ba ta magana. Saboda haka kotu kan jingina da ƙwararren mai binciken gobara, watau wanda ke karanta abin da wuta ta bari. Shekaru da dama irin waɗannan ƙwararru a Amurka sun riƙe cewa tsattsagewar gilashi da zanen ƙuna a daɓe alamu ne na an kwarara fetur ko kananzir. Daga baya gwaji ya nuna cewa ruwan 'yan kwana-kwana ne ke tsattsaga gilashi mai zafi, kuma idan wuta ta game ɗaki gaba ɗaya takan bar wannan zane ko da ba a zuba komai ba. Da irin waɗannan alamu aka yanke wa Cameron Todd Willingham hukunci a Texas kan gobarar 1991 da ta kashe 'ya'yansa uku, aka kashe shi a 2004, alhali manyan masana sun ce alamun ba su tabbatar da cinna wuta ba.

A 1998 wata kotun ɗaukaka ƙara ta tarayya a Amurka ta amince da watsar da shaidar ƙwararren da kamfanin inshora na Michigan Millers ya gabatar, domin ya ce an cinna wuta ba tare da ya yi gwaji ba. Ashe ke nan daɗewa a aiki daban, hujja daban.

Sai batun ma'auni. A Ingila, rinjayen zato ya wadatar a shari'ar da ba ta laifi ba, ko da zargin mai nauyi ne. A Nijeriya kuwa, sashe na 135 na Dokar Shaida ta 2011 ya ce idan aikata laifi ne kai tsaye ake jayayya a kansa, dole a tabbatar da shi har a kawar da kokwanto mai ma'ana, ko a wace irin shari'a ce.

Ba mu musanta cewa akwai masu ƙona dukiyarsu ba, kuma kuɗin da macuci ya karɓa daga aljihun sauran masu biyan inshora yake fitowa. Amma mu auna kurakuran nan biyu. Idan aka biya macuci, kuɗi ne suka salwanta, ana kuwa iya mayar da su. Idan aka zargi mai gaskiya, ya rasa gida, ya rasa diyya, ya kuma rasa mutunci, wanda Hausawa suka ce madara ne, in ya zube ba ya kwasuwa.

Don haka muke ganin nauyin hujja ya dace ya tsaya a wuyan mai zargi, kuma kada alƙali ya tambayi ƙwararre abin da ya gani kawai, ya tambaye shi yadda aka yi ya sani. Ƙwararren da ya isa a amince masa shi ne wanda, idan toka ta ƙi ba shi amsa, zai faɗa wa kotu hakan.