Taswirar Ƙasa Mai Tafiya

A ce akwai wata sana'a ta masu zanen taswira, waɗanda aikinsu shi ne bin ƙasar da ba ta zama wuri ɗaya. To, Damargu ce za ta fi kowa buƙatarsu.

A shekarar 1961 gwamnatin Nijar ta kafa doka mai lamba 61-05, ta shata iyakar noma: kudu gonaki, arewa kiwo. Layin yana nan a takarda. Amma farin 1973 da na 1984 sun ja ruwan sama kudu, yawan jama'a kuma ya tura gonakin gero arewa. A gundumomin Tanut da Balbeji, burtalin jiya yakan wayi gari gona.

Sa'an nan fili ɗaya yakan sake mai amfani da shi. Da damina na manomi ne. Bayan girbi, ranar da hukuma ta tsayar, garke ya shiga ya ci kara, ya bar taki. Taswirar da aka zana a watan Agusta gaskiya ce, amma in aka kai ta gaban alƙali a Janairu, tana iya zama shaidar zur.

Saboda haka farillar mai wannan sana'a ita ce ya rubuta ranar zane, ya kuma ambaci wanda ba ya nan a ranar. Makiyayin da ya tafi mashekari ba ya barin shinge, sawunsa ma iska ke sharewa. Wanda ya zana wurinsa wayam, ya ce babu kowa, ya ƙwace masa ƙasa da alƙalami.