Kyawun Hoto da Munin Yaƙi: Amanar da Ke Wuyan Mai Mayar da Littafi Fim

Hausawa na cewa gani ya kori ji. A mafi yawan al'amuran rayuwa maganar haka take, domin shaidar ido ta fi ta kunne ƙarfi. Amma akwai fagen da nake shakkar ta, wato fagen labarin yaƙi. Idan marubuci ya zauna ya rubuta littafi domin ya sa mutane su tsani yaƙi, sannan wani ya ɗauki littafin ya mayar da shi fim, shin ganin da aka samu yana ƙara wa jin ƙarfi ne, ko kuwa korar sa yake yi da gaske, ya bar mai kallo da sha'awar abin da aka so ya ƙyamata? Wannan tambaya ce ta ɗabi'a kafin ta zama ta fasaha, domin waɗanda suka fi cika gidajen kallo su ne matasan da ake ɗiba a kai bakin daga.

Masana sun daɗe suna nazarin dangantakar littafi da fim. George Bluestone, a littafinsa Novels into Film na 1957, ya nuna cewa kowannensu da kayan aikinsa: littafi yana iya shiga zuciyar mutum ya faɗi abin da yake saƙawa, shi kuwa fim abin da ido ke gani da abin da kunne ke ji yake da su. Saboda haka canji dole ne, kuma ba laifi ba ne a kan kansa. Na yarda da wannan. Sai dai a labarin yaƙi bambancin yana da nauyi na musamman. Tsoro, da yunwa, da kunya, da zaman jira na makonni cikin taɓo, duk a cikin mutum suke, kuma su ne ainihin yaƙi ga wanda ya yi shi. Fashewar bam da gudun mayaƙa da walƙiyar bindiga a waje suke, kuma su ne abin da kyamara ta fi iya ɗauka. An ruwaito daga François Truffaut, mai shirya fim ɗan Faransa, cewa duk fim ɗin yaƙi yakan ƙare da goyon bayan yaƙi, ko da mai shi bai nufa ba. Anthony Swofford, tsohon sojan Amurka da ya je Yaƙin Tekun Fasha, ya ba da shaida a littafinsa Jarhead na 2003 cewa shi da abokansa sun riƙa kallon finafinan yaƙin Biyetnam domin su ƙara wa kansu ƙaimi, alhali an shirya yawancinsu ne domin a la'anci wancan yaƙi.

Babu littafin da ya fi dacewa a gwada wannan zargi a kansa kamar na Erich Maria Remarque, wanda duniya ta sani da sunan All Quiet on the Western Front. Remarque Bajamushe ne, an haife shi a 1898, an ɗauke shi soja yana ɗan shekara 18, kuma ya ji rauni a 1917. Littafin ya fito a 1929, ya sayu fiye da kwafi miliyan ɗaya cikin ɗan lokaci. Labarin Paul Bäumer ne, ɗalibin da malaminsu Kantorek ya zuga shi da 'yan ajinsu suka shiga soja, suka yi ta mutuwa ɗaya bayan ɗaya. Abin da ya sa littafin ya yi ƙarfi shi ne ƙananan abubuwa. Akwai takalmin Kemmerich da abokansa suka sa wa ido tun bai gama cikawa ba, takalmin da ya yi ta sauya ƙafa domin ya fi masu sa shi tsawon rai. Akwai sa'o'in da Paul ya shafe a rami tare da Bafaranshen da ya daɓa wa wuƙa, yana sauraron numfashinsa har ya ɗauke, sannan ya buɗe jakarsa ya ga hoton matarsa da 'yarsa, ya gane cewa ma'aikacin ɗab'i ne mai suna Gérard Duval. Akwai kuma hutun da ya je gida, ya tarar da mahaifiyarsa a kwance ba lafiya, dattawan gari kuwa suna zaune suna koya masa yadda za a ci Faransa da yaƙi. A ƙarshe Paul ya mutu a watan Oktoba na 1918, a ranar da ta yi shiru har rahoton rundunar bai ga wani abin faɗa ba. Daga nan sunan littafin ya fito, kuma a nan dukan ma'anarsa take: mutumin da muka rayu cikin zuciyarsa tun shafin farko ya tafi, duniya ba ta ko ɗaga kai ba.

Sau uku aka mayar da littafin fim, kuma kowane mai shiri ya ci karo da wannan ƙarshe. Lewis Milestone, a fim ɗin 1930, ya nuna hannun Paul kawai yana miƙawa zuwa ga malam-buɗe-littafi, sai ƙarar harbi ɗaya, sai hannun ya saki. Wannan ba ya cikin littafin, amma a ganina ya riƙe amanarsa, domin mutuwar ta kasance ƙarama, ba ta da shaida, ba ta canza komai ba. Delbert Mann, a fim ɗin talabijin na 1979, ya bi wannan sawu, ya sa Paul yana zana tsuntsu lokacin da harsashi ya same shi. Edward Berger kuwa, a fim ɗin Jamusanci na 2022 da Netflix ta fitar, wanda ya ci kyautar Oscar huɗu, ya ɗauki wata hanya. Ya ƙara labarin Matthias Erzberger da tattaunawar tsagaita wuta a dajin Compiègne, ya ƙirƙiro janar mai girman kai da ya tura sojoji hari na ƙarshe, ya jinkirta mutuwar Paul har zuwa daf da ƙarfe 11 na safiyar 11 ga Nuwamba, 1918. Ya kuma cire hutun gida gaba ɗaya.

Ba zan hana Berger haƙƙinsa ba. Tarihi ya tabbatar da cewa an ci gaba da kashe mutane a sa'o'in da ke tsakanin sa hannu da tsayawar wuta, kuma buɗewar fim ɗinsa abin yabo ce: an tuɓe kakin mamaci, an wanke jininsa, mata sun ɗinke hujin harsashi, an miƙa wa Paul a matsayin sabo, sunan tsohon mai shi na manne a wuya. Wannan takalmin Kemmerich ne aka sake faɗa da harshen hoto. Amma ƙarshensa ya yi abu biyu da littafin ya ƙi yi. Na farko, ya ba mutuwar Paul girma, ya ɗora ta a kan sa'ar da duk duniya ke tunawa, alhali Remarque ya ajiye ta a ranar da ba wanda ya sani. Na biyu, ya ba mai kallo mugu guda ɗaya da zai tsana. Idan janar ne mai laifi, to ni da nake kallo na kuɓuta. A littafin babu wannan mafita, domin masu laifin su ne malamin makaranta, da maƙwabci, da dattijon da ke ba da shawarar yaƙi daga kan kujera, wato mutane irina da irin mai karatu. Cire hutun gida ya cire madubin da aka ajiye mana.

Daga nan nake fitar da ma'aunina. Amanar da ke wuyan mai mayar da littafin yaƙi fim ita ce ya bar mai kallo a wurin da marubuci ya ajiye mai karatu. Yana da 'yancin sauya suna, da wuri, da jerin aukuwa. Abin da ba shi da 'yancin yi shi ne ya ɗauke mu daga cikin rami ya kai mu kan tudu inda yaƙi ke da kyan gani, ko ya ɗauke mu daga layin waɗanda ake tuhuma ya zaunar da mu a kujerar alƙali.

Wannan ma'auni yana aiki a gida ma. Littafin Chimamanda Ngozi Adichie, Half of a Yellow Sun, na 2006, ya ɗauko yaƙin basasar Nijeriya na 1967 zuwa 1970, da kashe-kashen 1966 da suka riga shi, har da na Kano. Littafin bai bar kowane ɓangare da wankakken hannu ba. Ya nuna kisan da aka yi wa Ibo a Arewa ƙarara, ya kuma nuna Mohammed, Bahaushen da ya fitar da Olanna daga Kano da ranta. Abin da ya fi wannan nauyi shi ne Ugwu, yaron gida da mai karatu ya fi ƙauna, wanda bayan an tilasta masa shiga sojan Biyafara ya sa hannu cikin yi wa wata yarinya fyaɗe. Marubuciyar ta sa mu ɗauki wannan kaya tare da shi har ƙarshen littafi. Fim ɗin Biyi Bandele na 2013 ya karkata ga soyayyar manyan taurarinsa, ya rage Ugwu, ya bar wancan laifi a waje. Sakamakon haka yaƙi ya koma masifar da ke faɗo wa mutanen kirki daga waje, alhali littafin ya nuna shi a matsayin abin da ke shiga cikin mutumin kirki ya ɓata shi. Duk da wannan sassauci, hukumar tace finafinai ta ƙasa ta jinkirta fitowarsa, sai a watan Agusta na 2014 aka sake shi ga jama'a a Nijeriya, alhali littafin ya shekara takwas a kasuwa ba wanda ya tare shi.

Wannan jinkiri shi ne hujja mafi ƙarfi a kan matsayina, kuma dole in fuskance ta. Idan fim yana ƙawata yaƙi, me ya sa masu mulki suka fi jin tsoronsa? A Disamba na 1930, lokacin da aka fara nuna fim ɗin Milestone a Berlin, Joseph Goebbels ya jagoranci 'yan Nazi suka tarwatsa taron da sakin ɓeraye da jefa abubuwa masu wari, kuma cikin 'yan kwanaki hukuma ta haramta fim ɗin. Littafin kansa sai a 1933 aka ƙona shi. Lew Ayres, wanda ya fito a matsayin Paul, ya ƙi ɗaukar makami a Yaƙin Duniya na Biyu, ya zaɓi aikin jinyar raunanan sojoji. Waɗannan duka shaida ce cewa hoto yana iya girgiza zuciya ta hanyar da rubutu ba ya kaiwa, kuma yana isa ga miliyoyin da ba za su taɓa buɗe littafi ba. Saboda haka ban yarda da Truffaut baki ɗaya ba. Abin da hujjar ta tabbatar shi ne fim yana da ƙarfi, ƙarfi kuwa yana ƙara nauyin amana. Wuƙar da ta fi kaifi ita ta fi bukatar hannu mai hankali.

Akwai kuma mai cewa a nuna komai, jini da hanji da yankakkun gaɓoɓi, gaskiya za ta yi aikinta. Susan Sontag ta yi nazarin wannan fata a littafinta Regarding the Pain of Others na 2003, ta nuna cewa hoton ta'asa ba ya ɗauke da darasinsa a cikinsa: wani zai gani ya nemi sulhu, wani ya gani ya nemi fansa. Muna cewa gani ga wane ya ishi wane tsoron Allah, amma sharaɗin karin maganar shi ne mai gani ya ɗauki wanen a matsayin ɗan'uwansa. Idan bai ɗauke shi haka ba, ganin ba ya haifar da tsoron komai. Yawan jini a allo yakan zama gwanintar masu kwalliya da masu na'ura, mai kallo ya fita yana yaba yadda aka yi abin ya yi kama da gaske. Gérard Duval ya dame mu ne saboda yana da suna da sana'a da 'ya, kuma saboda an tilasta mana zama da shi tsawon sa'o'i. Gawa dubu marasa suna ba su kai shi nauyi ba.

Nauyin bai tsaya kan mai shiri kaɗai ba. Mu masu kallo mu ne kasuwar, kuma abin da muka saya shi ake ƙara kawowa. Duk wanda ya zauna gaban fim ɗin yaƙi yana da tambayoyi uku da ya kamata ya yi wa kansa bayan an kunna fitila. A gefen wa kyamara ta tsayar da ni? Shin abokin gaba ya samu fuska da suna? Shin na fito ina jin an tuhume ni, ko kuwa na fito ina jin an wanke ni? Fim ɗin da ya sallame ni da sauƙin zuciya, ina da tabbacin cewa laifin na wasu ne, ya ci amanar littafin da ya ɗauko, ko da ya bi shi shafi bayan shafi.

Ban ce a daina mayar da littattafan yaƙi fim ba, domin hakan zai bar fagen ga masu kiɗa gangar yaƙi, su kuwa ba su taɓa rasa kuɗi ko kyamara ba. Abin da nake nema shi ne mai shiri ya san cewa labarin da ke hannunsa na matattu ne, marubuci ma riƙo aka ba shi. Waɗanda suka mutu a ramukan Faransa da waɗanda yunwa ta kashe a Biyafara ba za su tashi su gyara abin da aka faɗa a kansu ba. Mafi ƙanƙantar haƙƙinsu shi ne kada a mayar da mutuwarsu abin da zai sa wani yaro ɗan shekara 18 ya fito daga gidan kallo yana fatan a ba shi bindiga.